Diyyar Tandar Kawu

Kawuna mai burodi ne, kuma duk tsawon layinmu babu mai kiran sa da ainihin sunansa. Zafi-zafi ake ce masa, yara da manya. Sunan ya bi shi tun yana saurayi, lokacin da yake ɗaure kwandon burodin wani a bayan keke yana zaga unguwanni yana kiran “zafi-zafi”, ko da kuwa burodin ya kwana. Shi da kansa yake ba da labarin yana dariya. Ya ce kunyar wannan kiran ce ta sa ya ƙudurta a ransa cewa duk ranar da ya sami tandar kansa ba zai sayar wa kowa kwantai ba.

Dogo ne siriri, hannayensa duk tabon ƙuna. Gashin gira kuwa sai ka matso kusa za ka ga alamarsa. Mama ƙanwarsa ce, su biyu kaɗai iyayensu suka bari, kuma takan ce masa, “Yaya, wutar nan ta cinye maka gira ta bar taurin kai.” Shi kuma Auta yake ce mata har bayan furfura ta fito mata. In ta dame shi da magana sai ya ce Auta ta tashi da rikici yau, a ƙara mata sukari a shayi.

Gidan na kakanmu ne. Ya sayi filin tun wurin yana bayan gari, ya gina ɗaki ɗaya, gari ya biyo shi ya same shi a nan. Da ya rasu ba a raba gidan ba, don babu wanda ya ga dalilin rabawa. Mama tana gidan aure, Kawu yana ciki da matarsa, wadda nake kira Inna. Allah bai ba su haihuwa ba. Da mahaifina ya rasu ina ƙarama, Kawu ya je da kansa ya kwaso mu da 'yan kayanmu, ya ba Mama ɗakin da ya fi kowanne iska. A nan na girma, daga nan na yi karatu har na zama malamar firamare, daga nan kuma na tafi gidan miji.

Shago ne a gaba yana kallon titi, da kanta da akwatin gilashi. Daga shagon sai tsakar gida da ɗakuna, can baya kuma rumfar kwano, a ƙarƙashinta tanda. Kawu ya gina ta da hannunsa, da jan bulo. Ta farko rufinta ya rufta kafin a hura mata wuta, ya rushe ya sake. Ta biyun ce ta tsaya. A ƙarƙashin daɓenta ya shimfiɗa yashi da gishiri da fasassun kwalabe don su riƙe zafi, kuma in aka hura ta da safe har washegari kana jin ɗumi a jikin bangonta. Lokacin sanyi tsofaffin layi sukan zagayo ta lungu su jingina da bayan bangon suna hira, Kawu ya ce zai fara karɓar haya.

Aikin gidan a rabe yake ba tare da an taɓa zama an raba ba. Kawu da ma'aikatansa biyu su ne a kan kwaɓi da wuta. Inna tana shafa wa gwangwanaye mai, ta tsare kanta. Mama kuwa ita ce mai sa burodi a leda in ya huce, tana zaune a kan ƙaramar kujera a bakin ɗakinta, tana ɗaurewa tana sauraren rediyo. Haka suka yi shekaru masu yawa. Ba su yi arziki ba, amma tukunya ba ta taɓa kwana ba a ɗora ba, kuma masu shayin unguwa duk wurinsa suke sari.

Titin gaban gidan kuwa ya daɗe da yi wa garin kaɗan. Manyan motoci suna cushewa, ramuka sun cinye kwalta, damina in ta zo sai ruwa ya shigo shaguna. Saboda haka da aka ce gwamnati za ta faɗaɗa shi ya zama tagwaye, Kawu yana cikin waɗanda suka yi murna. Da masu awo suka zo da na'urarsu mai ƙafa uku, shi ya fito musu da benci da ruwan sha, ya yanka musu burodi mai zafi. A zatonsa shagon gaba kawai za a taɓa, ya ja baya kaɗan ya gina wani. Sai da aka zo shafa jan fenti ya ga mai gwangwanin fentin ya wuce shago, ya wuce ɗakuna, ya zagaya lungu ya buga alamar a bayan tanda. Gidan gaba ɗaya yana cikin titi.

An tara mutanen layi a filin makarantarmu, aka yi musu jawabi. Aka ce aikin na amfanin kowa ne, kuma babu wanda za a zalunta, kowa za a biya shi diyya daidai da abin da ya rasa. Kawu ya dawo gida jikinsa a sanyaye, amma ya ce in dai za a biya daidai to ba komai, hannun da ya gina waccan yana nan, zai gina wata. Mama ta ce Allah ya sa. Masu ƙiyasi suka zo suka shiga ɗaki-ɗaki, suka auna, suka ɗauki hotuna, suka tafi. Aka yi watanni shiru.

Ranar da sakamakon ya fito, mai walda na kusa da mu ne ya fara ganin nasa, ya zauna a bakin kwalbati ya dafe kai. Na gidanmu ni na karanta musu a tsakar gida. An yi wa ɗakuna kuɗi, an rage saboda tsufa. An yi wa shago da katanga da rijiya. Filin kansa ba a yi masa kuɗi ba. Tanda kuwa an rubuta ta a matsayin ɗakin ajiya marar taga. Duka abin in aka haɗa ba zai sayi fili ya gina ɗaki uku ba ko a can bayan gari, balle shago a bakin titi. Kawu ya sa na sake karanta wurin tandar. Da na maimaita sai ya yi wata 'yar dariya, ya ce ashe shekarun nan duk a ɗakin ajiya yake gasa wa mutane burodi.

Washegari ya sa rigarsa mai kyau ya ce in raka shi ofishin. Jami'in da muka samu dattijo ne, da alamar gajiya a fuskarsa, kuma bai wulaƙanta mu ba. Ya ba Kawu kujera, ya saurare shi har ya gama. Sannan ya yi bayani a hankali. Ya ce a tsarin da suke bi, abin da aka gina a kan ƙasa suke biya, ba ƙasar ba. Suna da farashin ɗaki, da na katanga, da na rijiya, da na bishiya, amma ba a ba su farashin tanda ba, yaransa sun ɗauki abin da ya fi kama da ita ne. Kawu ya ce ita tanda tana tsufa tana ƙara kyau, sabuwa sai ta daɗe kafin ta koyi riƙe wuta. Jami'in ya ce bai musa ba, amma in ya rubuta abin da ba ya cikin tsari na sama da shi za su soke.

Kawu ya ce, “To mutanen da suke saye a wurina fa? Masu shayi, da matan da suke aiko yara kullum safiya? In na koma bayan gari wa zai bi ni?”

Jami'in ya ce, “Baba, wannan ba ni da inda zan rubuta shi.”

Ya ƙara da cewa duk wanda bai gamsu ba yana da damar zuwa kotu, doka ta ba shi. Da muka tashi ya rako mu har bakin ƙofa, ya rage murya ya ce shi dai in mahaifinsa ne zai ce masa ya karɓa, don kotu tana da jan lokaci. Kawu ya yi masa godiya, muka fito. Da muka kusa gida sai ya ce mutumin kirki ne, amma mutumin kirki ma yakan ba ka shawarar ka kwanta a taka ka.

Mutanen layi suka kafa ƙungiya, suka ɗora Kawu a gaba, don kowa ya san ba ya tsoron faɗin magana kuma ba a saye shi. Suka yi karo-karo suka ɗauki lauya, wata mata mai kaifin baki wadda ta ce ƙiyasin nan bai bi ƙa'ida ba, kuma za ta iya nunawa. A farkon lamarin shagon Kawu cika yake yi da yamma, kowa yana rantsuwa ba zai sa hannu ba. Sai aka fito da sanarwa cewa wanda ya sa hannu za a biya shi nan take, wanda ya ƙi kuwa kuɗinsa zai jira hukuncin kotu, amma rusau ba zai jira kowa ba. Daga nan taron ya fara raguwa. Mai aski ya fara zamewa, sai tela, sai mai kemis. Mai walda, wanda ya fi kowa zafi a taro, ya zo da kansa ya durƙusa gaban Kawu ya ce yana da yara a makaranta, ya yafe masa. Kawu ya ce ya tashi, ba shi ya yi wa laifi ba. Amma daga ranar in mai walda ya gaishe shi da ka kawai yake amsawa.

Matsalar gidanmu ta bambanta da ta sauran. Tunda gado ne ba a raba ba, ofishin ya ce ba za a biya kowa ba sai magada biyun sun sa hannu tare. Mama tana da hawan jini, ƙafafunta suna kumbura, magani kullum ƙara tsada yake yi. Burinta ta karɓi ɗan rabonta ta sayi ko ɗaki ɗaya ne kusa da ni. Ta yi ta zagaye-zagaye da maganar, ta aika Inna, ta aika ni. Kawu ya ce mu yi haƙuri, lauya ta ce ba za a daɗe ba. Rannan da la'asar ina gidan, burodi ya huce ana ɗaurewa, sai Mama ta ajiye ledar hannunta ta kira shi.

Ta ce, “Yaya, tunda Baba ya rasu ban taɓa ce maka a raba gidan nan ba. Yau ma ba rabo nake nema ba, hannu kawai nake so ka sa. Kai kana faɗa a kan tanda, ni kuwa inda zan kwanta nake nema.”

Kawu ya ce in ya sa hannu ya yarda ke nan cewa abin da aka yi musu daidai ne, kuma akwai sauran mutane huɗu da suka tsaya saboda ya tsaya, da wane ido zai kalle su. Mama ta ce su huɗun nan ba su ne suka fito ciki ɗaya da shi ba. Magana ta yi tsawo, murya ta fara hawa. Kawu yana tsaye da tsumman goge hannu a kafaɗa, ya gaji, idanunsa sun yi ja don hayaƙi.

Ya ce, “Ke da ba ki ɗora ko bulo ɗaya a gidan nan ba, ai dole ki yi saurin sayarwa.”

Mama ta dubi tulin burodin da ta ɗaure a gabanta, ta ɗauki ledar da ta ajiye ta ƙarasa ɗaure ta, ta tashi ta shiga ɗaki. Inna ta ce masa bai kyauta ba, ya je ya ba ta haƙuri. Ya tsaya jim kamar zai je, sai ya juya wajen tanda. Da safe Mama ta sa na samo mota, muka kwashe kayanta zuwa gidan hayar da nake, ta shiga ɗakin yarana. Kawu ya riƙa aiko mata da burodi kowace safiya. Ba ta mayar ba, amma ba ta ci, yara take ba.

Rusau ya fara daga can saman layi, yana gangarowa gida-gida. Waɗanda suka karɓi kuɗi sun riga sun cire kwanonsu da ƙofofinsu sun tafi, layin ya zama kamar bakin da haƙora suka zube. Kawu bai daina aiki ba. Ranar da katafila ta iso gidanmu da hantsi, kwaɓi yana cikin gwangwanaye yana tashi. Inna ta kira ni a waya na bar aji na zo. Shugaban ma'aikatan ya shiga ya ga abin da ake ciki, ya ce zai ba shi zuwa azahar, su za su yi na tsallake tukuna. Kawu ya gasa burodin nan kamar kowace rana, bai yi gaggawa ba, ya fito da shi ya jera a kan tebur a bakin titi. Babu mai saye, don layin ba kowa. Ma'aikatan rusau ne suka zo suka saya a lokacin hutunsu, ya karɓi kuɗinsu ya ba su canji.

Ɗakunan ba su ba katafila wahala ba. Tanda ce ta ɗan yi gardama, sai da direban ya ja baya ya sake zuwa. Da rufinta ya fashe wani tururi mai zafi ya tashi, har mutane suka matsa. Na juya in ga Kawu, sai na gan shi yana taya Inna ɗaure katifa a kan motar kaya, ya ba wurin baya. Bai waiwaya ba har muka tafi.

Suka kama hayar ɗaki da falo a wata sabuwar unguwa can ƙarshen gari, inda ba ruwan famfo. Ma'aikatansa biyu suka nemi wani wurin. Kawu ya je wani babban gidan burodi mai injunan lantarki, aka ɗauke shi saboda sunansa. Bai daɗe ba. Can komai da agogo ne da maɓalli, shi kuwa ya saba sanin wuta da tafin hannu, kuma ba ya iya yin shiru in ya ga an cika yis don burodi ya kumbura. Suka sallame shi cikin mutunci. Daga nan ya koma sarin burodin wasu yana sayarwa a kan tebur a bakin tasha. In tsohon mai sayensa ya gan shi ya tsaya suna gaisawa, sai Kawu ya yi saurin cewa na ɗan lokaci ne, shari'a ta kusa ƙarewa.

Shari'ar kuwa ta ƙi ƙarewa. Yau lauyan gwamnati bai zo ba, gobe an yi wa alƙali canjin wuri, sabon ya ce a faro daga farko. Kowane zama Kawu sai ya sa rigar nan tasa mai kyau, ya hau mota biyu, ya zauna a benci tun safe, a kira ƙarar a ɗage cikin ɗan lokacin da bai isa a sha ruwa ba. Cikin huɗun da suka tsaya tare da shi, ɗaya ya rasu, biyu suka janye. Ya rage daga shi sai wata tsohuwa mai gidan haya, wadda jikanta yake kawowa a kan babur. Titin kuwa an gama shi, an buɗe, motoci suna ta wucewa.

Duk tsawon wannan lokaci shi da Mama ba su haɗu ba. Inna ce take zuwa, su zauna su yi hirar komai ban da shi. In Inna za ta tafi sai Mama ta tambaye ta, kamar ba da gangan ba, ko tarin da Kawu yake fama da shi ya sauka. Ni ma in na je wurinsa sai ya gama tambayar yara ɗaya bayan ɗaya, sannan ya ce, “Mutanen gidan fa?” Na san wadda yake nufi. Na yi ƙoƙari, mijina ma ya yi, amma kowannensu yana jiran ɗayan ya fara.

Wata safiya Mama ta faɗi a bakin banɗaki, ɓarin jikinta na dama ya shanye. Muka kai ta asibiti. Ban san wanda ya gaya wa Kawu ba, na dai ɗaga kai na gan shi a bakin ƙofar ɗakin marasa lafiya, da silifas ɗin tasha a ƙafarsa, yana haki. Ya zo ya zauna a gefen gadon, ya kama hannunta mai lafiya. Da ya buɗe baki sai ya ce, “Auta, maganar nan da na faɗa ba gaskiya ba ce. Ki yafe mini.” Bakin Mama ya karkace, maganarta ba ta fita sosai, sai na sunkuya na ji. Cewa ta yi ya rame, wa yake ba shi abinci.

Daga asibitin ya wuce ofishin da niyyar sa hannu. Dattijon nan ya yi ritaya, wani matashi ne a kujerar. Ya ce tunda magana tana kotu ba su da ikon biya sai an janye ƙara, kuma ko an janye sai an sake neman kuɗin daga sama, don asusun aikin titin an rufe shi. Ba zai iya cewa ga lokacin da za a samu ba. Kawu ya dawo ya gaya wa Mama komai, ya ce duk da haka zai janye. Ta girgiza kai. Da ƙyar ta haɗa maganar, ta ce ya riga ya sha wahalar, ya ƙarasa, kada a yi biyu babu.

Aka sallamo ta ta dawo gidana. Kawu yakan rufe teburinsa na tasha da rana, kullum sai ya zo. Shi yake ɗaga ta ya jingina ta da matashi, ya ba ta shayi a cokali, ya yi ta ba ta labarin mutanen tsohon layi, wa ya koma ina, wa ya aurar da 'ya. Wani lokaci ya tsokane ta har ta yi dariya da rabin fuska. Kuɗin magani mu muka yi ta fama da shi, ni da mijina, Kawu yana kawo ɗan abin da ya samu a naɗe cikin leda, ya tura ƙarƙashin matashinta don kada in hana. Ba ta ga ƙarshen damina ta biyu bayan faɗuwarta ba. Ta rasu a ɗakin yarana, a kan gadon da ba nata ba, yana zaune kusa da ita.

Bayan rasuwarta da kusan shekara aka yanke hukunci. Ina kotun ranar. Alƙalin ya ce ƙiyasin farko bai yi adalci ba, tanda ba ɗakin ajiya ba ce, kuma sana'ar da aka tsayar abin a duba ce. Ya ba da umarnin a sake lissafi a biya. Lauya ta juyo tana murmushi, tsohuwa mai gidan haya ta fashe da kuka. Kawu ya sa na maimaita masa abin da aka ce game da tandar, ya gyaɗa kai, ya nemi hularsa. A waje mutane suna yi masa barka, yana amsawa kamar wanda ake yi wa gaisuwar rashi.

Biyan ma sai da ya ja nasa lokacin. Da kuɗin suka fito sun fi na farko nesa ba kusa ba, amma siminti da fili su ma ba su tsaya jiran kowa ba. Bayan an cire na lauya, abin da ya rage bai fi ƙarfin abin da na farkon zai saya a wancan lokaci da wani abin kirki ba. Kawu ya zo gidana da Inna, ya ce a raba biyu daidai, rabi nawa ne a madadin Mama. Na ce masa ba haka rabon yake ba, kuma kuɗin tanda nasa ne shi kaɗai. Ya ce ba shawara ya zo nema ba. Da na ƙi karɓa sai ya ce, “Malama, kada ki hana ni wannan. Shi kaɗai ya rage da zan iya yi mata.” Na karɓa.

Da nasa rabin ya sayi gidan da suke haya, ɗaki da falo da ɗan fili a baya. Mijina ya ce filin zai ɗauki ƙaramar tanda, za mu taimaka. Kawu ya fita ya duba wurin, ya taka shi, ya dawo ya ce a bari. Bayansa ba zai iya sunkuyon ba, idonsa ma ya fara hazo, kuma unguwar kowa burodin kanti yake ci. Inna ta shuka ganye a wurin.

Yanzu ya tsufa sosai. Ya bar tasha, yana zama a ƙofar gida a kan kujerar roba. Kwanakin baya na je da yamma na tarar da baƙi, magidanta uku daga wata unguwa da aka shafa wa jan fenti, za a yi gada. An ba su labarin wani tsoho da ya kai gwamnati kotu ya yi nasara, shi ne suka nemo shi. Kawu ya sa Inna ta kawo musu shayi. Ya gaya musu su ɗauki hoton komai kafin a taɓa, su nemi mai ƙiyasi nasu na kansu, ya kwatanta musu ofishin lauyar. Ya yi maganar dalla-dalla, bai manta komai ba. Da ya gama sai babbansu ya gyara zama ya ce, “To Baba, a taƙaice, mu sa hannu ko mu tsaya?”

Kawu ya ce shi dai alƙali ya ce yana da gaskiya, kuma har gobe ya san yana da ita. Ya murza gwiwarsa.

Ya ce, “Wannan tambayar ban san amsarta ba, 'ya'yana. Wallahi ban sani ba.”

Mutanen suka dubi juna. Sun zo ne a ce musu ga hanya, ba su samu ba. Suka shanye shayinsu, suka yi godiya, suka tafi. Inna ta kwashe kofuna. Na zauna tare da shi har rana ta yi sanyi, ba mu yi wata magana mai tsawo ba. Da zan tafi na ɗiga masa maganin ido, ya riƙe hannuna ya tashi, na raka shi ciki.